Tarin Burushi

Yayana mai fentin mota ne, kuma duk gidansa babu mai ɗaga kai idan ya shigo sai kare. Ba ƙazafi nake yi wa kowa ba. Ƙofata tana kallon tasu a saman bene, bango ɗaya ne tsakanin ɗakin ɗinkina da falonsu, don haka abin da ban gani da ido ba na ji shi da kunne.

Karen ɗan mitsitsi ne, duk jikinsa gashi. A bayan gareji Yaya ya tsince shi, gefensa ɗaya shafe da jan fenti, shi ya sa ya raɗa masa Burushi. Matar Yaya, wadda kowa yake kira Malama saboda ta shugabanci makarantar firamare har ta yi ritaya, ba ta ce a mayar da shi ba. Ta dai dubi kare, ta dubi miji, ta ce, "To, an samu na biyu." Haka maganarta take. Ba ta zagi, ba ta ɗaga murya, sai ka koma ɗakinka ka zauna sannan ka ji inda ta yanke ka.

Da yamma, tun Yaya yana kashe babur a ƙasa, Burushi ya riga ya sani. Sai ka ji faratansa a jikin ƙofa. Yaya zai hawo yana fito, makullai suna ƙara a hannunsa, yana buɗe ƙofa kare ya yi tsalle har gwiwarsa, ya faɗi, ya sake, ya zagaye shi, ya ruga ɗaki ya dawo bai ɗauko komai ba. Yaya kuwa, mutumin da furfura ta cinye masa rabin kai, sai ya durƙusa a bakin ƙofa yana tambayar kare yadda ya wuni. Malama tana kan kujerarta, idonta a talabijin. 'Ya'yansu sun yi karatu sun watse, kuma tun kafin su watse sun koyi gaishe da ubansu irin yadda uwarsu take yi, da gefen baki. Bai taɓa yi mini ƙorafi ba, don Yaya sanyin hali gare shi har ya yi yawa. Amma na san saboda wannan tsalle-tsallen yake saurin rufe gareji.

Shekaru suka tafi a haka, karen ya yi ƙiba, don Yaya ba ya iya cin nama shi kaɗai. Sai tari ya fara. Ba irin tarin da na sani ba ne. Ƙara ce busasshiya a jere a jere, kamar ana matsa hon ɗin roba na keke, kare ya miƙe wuya ya ware ƙafafu yana neman iska, daga baya ya yi kakari ya tofar da ɗan kumfa. Da farko mun ɗauka ƙashi ne ya maƙale masa, Yaya har yatsa ya zura masa a baki yana lalube. Da abin ya zama na kullum, ya ce in raka shi asibitin dabbobi in riƙe karen a bayan babur. Muna kan sauka sai ga Malama da jaka a kafaɗa, ta ce a tsayar da tasi, ita ma za ta je, kada mu yi wa likita bayani a karkace. Na yi mamaki, don ko kwanon ruwan karen ba ta taɓa ɗaurayewa ba.

Likitar mace ce mai saurin magana, bayan hannunta duk tabon yaƙushi. Ta ɗora Burushi a kan teburin ƙarfe, ta saurari ƙirjinsa, sannan ta ɗan matsa maƙogwaronsa da yatsu biyu. Nan take ya hau tarin nan. Aka shiga da shi aka yi masa hoto, ta dawo ta liƙa hoton a jikin fitila.

"Wannan ita ce hanyar iskarsa," ta ce. "Bututu ne, zobba-zobba na guringuntsi suke riƙe shi a buɗe. Nasa sun yi laushi. In ya ja numfashi da ƙarfi, sai bututun ya manne." Ta ɗauki bututun robar da ake shan lemo da shi, ta toshe ƙasansa da yatsa, ta zuƙa, ya lotse. "Kun gani? Ƙananan karnuka irinsa sun fi samun wannan. Ba ya warkewa, amma ana lallaɓa shi, kare ya yi shekaru."

Ta kwance ɗan bel ɗin da ke wuyansa ta miƙa wa Yaya, ta ce daga yau kada wani abu ya ƙara taɓa wuyan nan, a ƙirji za a riƙa ɗaure shi. Ta ce sai ya rage ƙiba. Ta rubuta maganin tari na ruwa, da wasu ƙwayoyi na ɗan lokaci don kumburin ciki ya sauka. Ban da hayaƙi, ban da turare, ban da duk wani wari mai shiga maƙoshi, kuma kada a fita da shi cikin zafin rana. Akwai aiki, in ji ta, ana zura 'yar ragar ƙarfe ta tokare bututun daga ciki, amma wannan sai an rasa yadda za a yi.

"Yaushe ya fi yin tarin?" ta tambaya.

Yaya ya fara tunani. Malama ta riga shi.

"In wannan ya dawo," ta ce, ta nuna shi da haɓa.

"To, murna ce," in ji Likita. "Murna tana sa shi haki, haki kuwa shi ke manne bututun. Baba, in ka shigo, kada ka dube shi, kada ka yi masa magana, kada ka taɓa shi. Ka wuce kamar babu shi. In ya natsu, sai ka zauna ka shafa shi a hankali. In kuma ya yi mai tsanani, ku ɗauka mini a waya in gani."

Na dubi Malama a lokacin. Na yi shekaru ina kallon fuskar matar nan, ban taɓa ganin ta washe haka ba. Faɗuwa ta zo mata daidai da zama.

Gaskiya ɗaya ce, kuma ita ce ta fi ci mini rai: Malama ta iya jinya. Washegari ta shigo ɗakina da karen a hannu, ta ce in gwada shi. Na ɗinka masa ɗamarar ƙirji da yadi mai laushi, na sa masa soso a ciki, zoben igiya ya zauna a gadon baya. Ta duba ɗinkin gaba da baya, ta sa na warware gefe ɗaya na sake. Ta riƙa auna masa abinci da ɗan kofi. Maganin tari ta gefen baki take ɗura masa da sirinji, ko ɗigo ba ya zuba. Ta sauke labulaye ta wanke, ta kwashe turarukanta ta ba maƙwabta, ta ja masa fanka kusa da inda yake kwanciya. Da sanyin safiya ita take zagayawa da shi. Kafin wani lokaci ƙugun Burushi ya fito, tarin da muke ji daga safe har yamma ya koma na lokaci-lokaci.

Doka ta farko ta Likita ce. Sauran duk na Malama ne, sai dai kowace daga cikin maganar Likita take zaro ta, yadda ba ka da bakin musu.

An ce in ya natsu a shafa shi, amma ba a faɗi wanda zai yanke cewa ya natsu ba. Malama ta ɗauki wannan aikin. Na sha zama a falon ina kallo. Yaya ya shigo ya wuce, wuyansa a sandare, ya zauna ya cusa hannaye tsakanin gwiwoyi. Burushi ya zo gabansa ya tsuguna, jikinsa yana rawa, yana ɗan kuka ta hanci, ya rasa laifin da ya yi.

"Bai natsu ba tukuna," Malama za ta ce. "Dubi kunnensa."

Yaya ya jira. Karen ya gaji ya kwanta, haɓarsa a kan tafin ƙafar Yaya.

"Yanzu kuma ya kwanta. Kada ka tashe shi."

Daga nan aka hana fito a kan bene. Aka ce makullai su shiga aljihu, a naɗe cikin hankici. Babur kuwa tun daga kwanar layi zai kashe shi ya turo, don karen ya san ƙarar injinsa cikin dubu. Da aka ga har yanzu yana gane tafiyarsa, sai aka ce ya riƙa cire takalmi a ƙasa. Ka ga dattijo yana hawan benen gidansa da takalma a hannu, yaran maƙwabta suna leƙe suna ƙunshe dariya.

Sai aka zo kan wari. Wata yamma ta tare shi a bakin ƙofa, ta ɗan ja hanci.

"Likita ta ce ban da wari mai shiga maƙoshi. Kai kuwa warin tinar fenti kake tun daga gashi har farce."

"Na wanke hannu a gareji, Malama."

"Gwano ba ya jin warin jikinsa. Ga ƙanwarka nan, tana da banɗaki."

Haka kayan aikin Yaya suka dawo bayan ƙofata, da tawul ɗinsa da soso. Ni ban ƙi ba, ɗan'uwana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Amma duk ranar da na ga ya fito daga banɗakina ya tsaya yana sauraren ƙofar gidansa kafin ya tsallaka, sai in ji kamar in fasa wani abu. Abinci ma aka ce ya riƙa ci a kicin, ƙofa a rufe, don in yana ci a falo karen yana tsayawa roƙo, roƙo kuwa haki ne. A ƙarshe aka gano cewa muryarsa kanta tana sa kunnen Burushi ya miƙe. Saboda haka in yana da magana, ya jira sai an shiga ɗaki.

Ni ba na iya barin ta ciki a ciki. Na same ta tana yanka wa karen karas ƙanana-ƙanana, na ce, "Malama, wai kare ake yi wa magani, ko Yaya ake yi wa horo?"

Ko ɗagowa ba ta yi ba. "Gwaggon yara, ke ma kina wurin. Akwai abin da na ƙara a kan maganar Likita?"

"Kin dai rage. Ta ce in ya natsu a shafa shi."

"In ya natsu. Ki zo da yamma ki gani ko yana natsuwa in yayanki yana wurin. Ni in na zauna, barci yake yi a ƙafata." Ta share wuƙar a jikin tsumma. "Wani mutum ai shi kansa ciwo ne, ba laifinsa ba ne."

Na koma kan Yaya. Na ce masa gidansa ne fa, shi ya tsinto karen, shi ya raine shi. Yana zaune a kujerar keken ɗinkina yana goge tsakanin yatsun ƙafa. Ya ce, "Tarin ya ragu ko bai ragu ba?"

Na ce ya ragu.

Ya ce, "To."

Abin da na lura da shi, wanda ita ma na tabbata ta lura, shi ne yunwa ake tara wa karen. Da can murnarsa ta bakin ƙofa ce, ya yi ya gama ya je ya kwanta. Yanzu da aka hana shi, ko idon Yaya ne ya faɗa kansa bisa kuskure sai ya zabura kamar an taka masa wutsiya, tari ya biyo baya. Malama ta juyo ta ce, "Ka gani ko?" Kuma kowa ya gani.

Ranar da abin ya faru ana zafi sosai. An ɗauke wuta a gareji, Yaya ya dawo da rana tsaka, lokacin da ba a saba ganinsa ba. Malama ta buɗe ƙofa za ta fitar da shara, Burushi ya bi ta tsakanin ƙafafunta ya fice. Ina bakin ƙofata ina kakkaɓe ƙyallaye. Karen ya gangara, ya yi kiciɓis da Yaya a kan kwanar bene, takalma a hannu, kayan aiki a jiki, da duk warin da ya sani. Ya tsaya cak. Bai yi tsalle ba, ya dai ɗaga kai yana jira, don ya fara koyon cewa ba a kula shi.

Da Yaya ya wuce, da shi ke nan. Amma ya daɗe bai ga fuskar karen nan sosai ba, kuma babu kujerar Malama a tsakaninsu. Ya buɗe baki a hankali, ƙasa-ƙasa, ya ce, "Burushi."

Abin da aka tara wata da watanni ya fito gaba ɗaya. Karen ya yi sama, ya faɗo, ya yi sama, yana ihu yana lasar wandon, yana juyi a kan matakala har yana zamewa. Sai tarin ya zo, ya ƙi tsayawa. Ƙarar ta sirance ta koma kamar fito, ƙafafunsa suka saki. Yaya ya zubar da takalma ya ɗauke shi, na ga harshensa a waje ya koma shuɗi. Na ɗaga kai in ce wa Malama ta kawo ruwa, sai na gan ta tsaye a saman bene, waya a hannu, tana ɗauka. Yadda aka yi wayar take a shirye tun daga farko, Allah ne masani.

A asibiti aka yi masa allurar kwantar da jiki, aka sa shi cikin akwatin gilashi mai iskar numfashi, aka jera masa robobin ruwan sanyi a gefe. Muka tsaya muna kallo har harshen ya fara komawa ja. Likita ta karɓi wayar Malama ta kalla, ta ce madalla da aka ɗauka.

Yaya ya matsa kusa da ita. "Likita, aikin nan da kika faɗa, na ragar ƙarfe. In an yi masa, zan iya..." Ya haɗiye sauran. "Zai iya yin murna?"

"Ragar tana buɗe hanya, Baba, amma ba ta hana tari. Wani ma ƙaruwa yake yi. Tana iya karyewa, nama yana iya tohowa a bakinta. Sai magani ya gaza muke zuwa nan, nasa kuwa bai gaza ba. Yau zafi ne da ɗoki suka haɗu." Ta ce za ta ƙara wa karen ɗan maganin da zai rage masa zabura. Sannan ta dubi Yaya sosai. "Ban ce ka daina taɓa shi ba fa. Kaɗan-kaɗan, kullum, har ya saba."

Yaya ya gyaɗa kai, amma idonsa yana kan gilashi, na san ko kalma ɗaya ba ta shiga ba.

"Za mu kiyaye, Likita," in ji Malama.

Da muka dawo na maimaita masa abin da aka ce, har sau nawa. Na ce da kunnena na ji. Amsarsa ɗaya ce: "Kin ga harshensa?"

Ba a daɗe ba Auta, ƙaramar 'yarsu, ta zo gaisuwa da mijinta. Aka kira ni. Muna falo ana shan shayi, Burushi yana kwance a gefen kujerar Malama, Yaya yana can ƙarshen doguwar kujera. Surukin yaro ne mai kunya, ya tambayi jikin kare don a samu abin faɗa. Malama ta ce bari ya gani da idonsa. Ta ɗauko waya, ta rage ƙara yadda karen ba zai ji ba, ta sa su matso.

"Ku saurara da kyau. A nan ne."

Daga inda nake ina jiyo ɗan sautin. Shiru, sai muryar Yaya tana kiran sunan, da irin taushin da ban taɓa jin ya yi wa mutum magana da shi ba. Sai ihu, sai tari. Surukin ya sunkuyar da kai yana kallon kofinsa.

"Baba, kai ma dai," in ji Auta. "Ɗan wannan haƙurin ba za ka iya ba? Da ya mutu fa?"

"Bari in mayar muku farkon," in ji Malama. "Ba ku ga takalman a hannunsa ba."

Ta mayar. Auta ta yi dariya ta rufe baki. Yaya ya ɗago zai yi magana, na ga leɓensa ya motsa. Sai ya dubi inda karen yake kwance, ya mayar da bakinsa ya rufe. Ni ce na tashi na fita, don in na zauna zan faɗi abin da zai raba zumunci. A ɗakina na yi kuka, na takaici, ba na tausayi ba.

Daga ranar Malama ba ta ƙara buƙatar kafa wata doka ba. Yaya ya karɓi aikin daga hannunta, kuma ya fi ta tsanani. In Burushi ya zo ya ɗora ƙafa a kan tasa, sai ya zare a hankali yana kallon bango. Akwai wata tsohuwar safar hannu ta gareji da suke ja-in-ja da ita a da. Karen ya kawo ta ya ajiye a gabansa, Yaya ya tsallake ta ya wuce kicin. Karen ya sake kawowa washegari. Bayan 'yan kwanaki na ga safar a ƙarƙashin kujera, ƙura ta hau ta.

Ta bango nake bin labarin. Da can kullum yamma ina jin farata a jikin ƙofa. Sai ya koma wata rana a ji, wata rana shiru. Sai na wayi gari na lura na manta rabon da in ji.

Yaya yakan fito daga wanka ya tambaye ni, "Yau ya yi tari?"

"Ban ji ba."

"Madalla."

Shi kansa yana da nasa tarin, na mutumin da ya shekara yana shaƙar fenti. A ɗakina yake tsayawa ya yi shi cikin tawul har ya gama, kada ya shiga da shi ya tayar da kare. Na ce ya je a duba shi, ya ce nasa na tsufa ne.

Da aka koma da Burushi aka sake duba shi, Likita ta yaba. Ta ce a janye maganin rage zaburar a hankali, a ga yadda zai yi. Malama ta janye. Ta bar kwanaki suka wuce, har ta tabbata babu sauransa a jikin karen. Na san dalilinta daga baya: ba ta so a ce magani ne ya kwantar da shi.

Wata yamma ta ƙwanƙwasa mini ƙofa. Yaya yana ciki, bai daɗe da fitowa daga wanka ba.

"Gwaggon yara, zo ki zama shaida. Likita tana son ta san inda aka kwana." Ta leƙa ta bayana. "Baban yara, yau ka shigo da muryarka. Ka kira shi, ka yi duk abin da ka saba."

Ta koma. Yaya ya tsaya tsakar ɗakina, ya rasa inda zai sa hannunsa. Ya gyara wuyan riga, ya shafa kai. Ya ce in abin ya tashi in riƙe tawul da ruwan sanyi kusa. Ya ce zai fara a hankali, ba zai bari ya yi tsalle ba, zai durƙusa ne kafin ya iso, ya tare shi a ƙirji. Ashe ya daɗe yana tsara yadda zai yi. Fuskarsa har ta koma ta yaron da na sani muna ƙanana. Na jiƙa tawul na bi shi.

Ya tura ƙofa. Malama tana kan kujerarta, Burushi yana kwance a kan ƙafarta, gashinsa a taje.

"Burushi," in ji Yaya.

Karen ya ɗaga kai. Ya dube shi irin kallon da yake yi wa mai karanta mitar wuta. Ya miƙe, ya yi miƙa, ya taho. Yaya ya yi sauri ya durƙusa, ya buɗe hannaye. Karen ya bi ta gefensa ya zo wurina, ya shinshina tawul ɗin da ke hannuna, ya kaɗa mini wutsiya, ya juya ya koma inda ya taso.

Yaya ya sake kira, da ɗan ƙarfi. Kunne ɗaya ya motsa.

Ya ja gwiwa har gaban kujerar matarsa. Ya miƙa hannu ya ɗora a bayan karen, ya shafa daga wuya zuwa gindin wutsiya. Burushi ya bar shi. Bai gudu ba, bai yi gurnani ba. Ya yi hamma, ya mayar da haɓa kan ƙafar Malama, ya lumshe ido. Cikinsa yana hawa yana sauka sumul, ko ɗan shaƙewa babu.

Yaya bai tashi ba. Hannunsa yana nan, kansa a karkace, yana saurare. Na daɗe ina kallonsa kafin in gane abin da yake jira. Na yi fatan ni kaɗai na gane.

"Me kake saurare kuma?" in ji Malama. "Tari kake so ya yi?"

Ya ɗauke hannunsa da sauri. "A'a."

"Na ɗauka ko shi kake jira." Ta sunkuya ta gyara wa karen ɗamararsa. "Gwaggon yara, kin shaida. Ko sau ɗaya bai yi ba."

Na ce na shaida. Tawul yana ɗiga a kan ƙafata.

"To, daga yau ka shigo yadda ka ga dama, Baban yara," ta ce. "Shigowarka ba ta tayar da kowa yanzu."

Yaya ya dafa hannun kujera ya miƙe da ƙyar. Ya ce mata sannu da ƙoƙari.